Mai Ɗaure Takalman Ƙanƙara

"Wayyo Inna! Na mutu ni ɗiyar Makau!"

Lirwanu ya tsaya cak, sandunan tafiya a hannunsa. Tun da ya baro Gummi ya zo Kanada karatu, bai taɓa jin an kira Inna da irin wannan murya ba sai ta waya.

Aikinsa na ƙarshen mako ke nan, a wani gandun duwatsu da ke bayan birnin da yake zaune. Idan sanyi ya kama, dusar ƙanƙara ta binne hanyoyi, sai a tara baƙin da ba su taɓa gwadawa ba, a ɗaura musu wani takalmi mai faɗi kamar faifai a ƙarƙashin nasu don kada su nutse, a zaga da su cikin itatuwa. Jagora biyu ake sawa. Na gaba yana fasa hanya, na baya yana kula da wanda ya gaji. Lirwanu kullum shi ne na baya, kuma dokar na baya guda ce, ba ya wuce kowa.

Ya ƙarasa wurin mai ihun da sauri. Tana kwance rub da ciki, takalmi ɗaya ya yi nasa wuri. Ita ce wadda ɗazu a bakin ƙofa ya durƙusa zai ɗaure mata, ta ja da baya ta ce masa da Turanci za ta iya da kanta.

Ya janye mayafin da ya rufe bakinsa ya ce, "Sannu. Ba ki mutu ba, takalmin ne ya zare."

Ta ɗago kai, dusar ƙanƙara fal a hijabinta, ta zaro ido.

"Kai! Bahaushe na?"

"Ɗan Gummi ma kuwa."

"Gummi tamu? La ilaha illallahu! Ni 'yar Anka ta."

Sai ta fashe da dariya, dariyar ta juye ta koma kuka, shi kuma ya tsaya sororo bai san wanda zai lallasa ba, ita ko zuciyarsa.

"Ɗazu na zo in ɗaure miki kika kore ni," in ji shi.

"Haba malam, namiji guda ka durƙusa gabana? In Inna ta ji ai na shiga uku."

"To ga shi kunya ta kai ki ƙasa. Miƙo ƙafar, igiyar kawai zan taɓa."

Ta miƙa, ta kawar da fuska gefe. Sunanta Mubina, karatun lafiyar yara take yi, kuma wata abokiyar karatunta ce ta yi mata rajistar wannan fita don ta gaji da ganinta a ɗaki kamar mai takaba.

Shi ma ɗin ai gwanin zaman ɗaki ne. Yakan tuƙa tuwon semo ya ci a tsaye, ya wanke kwano ɗaya da cokali ɗaya. Wani lokaci yakan yi wa kansa magana da Hausa don kada bakinsa ya manta. Sallar da ta wuce ma a cikin bas ta same shi, ya sa hularsa ƙube, babu wanda ya ce masa barka.

Kafin su rabu sun yi musayar lamba. Da yamma wayarsa ta yi ƙara.

"Assalamu alaikum Ɗan Gummi. Na iso lafiya. Ƙafafuna kamar ba nawa ba. Amma yau na yi dariya da Hausa, rabona da haka tun a filin jirgi. Na gode."

Ya karanta har ya haddace kafin ya amsa.

"Wa alaikis salam 'Yar Anka. Ki jiƙa su a ruwan ɗumi. Asabar akwai wata fitar, in ba ki ji tsoro ba."

"Tsoro? Ka ajiye mini takalmina, mai jar igiya."

Ta zo ranar Asabar, ta sake zuwa ta gaba. Kafin sanyi ya raba tsakiya Mubina ta ƙware, ta iya buɗe ƙafa, ta iya hawa tudu, amma abin mamaki kullum ita ce ta ƙarshe a layi.

"Malama, mi ya sa kullum ke ta baya?"

"Gwiwa ke damuna."

Gwiwar nan kuwa lafiyarta ƙalau, kowa ya sani har ita gwiwar.

A can bayan layi suke shan hirarsu. Ta ba shi labarin yaran ƙauyen Bagega na ƙasar Anka da gubar dalma ta taɓa lokacin tana ƙarama, abin da ya sa ta zaɓi karatunta ke nan. Shi kuma ya ba ta labarin Innarsa da ke zaune a Gummi tun rasuwar mahaifinsa, wadda har yau ba ta yarda akwai garin da ruwan sama ke sauka fari ba. Suka yi gardama a kan wa ya fi iya fura, Anka ko Gummi, ba a kuwa gama ta ba.

Wata rana ta iso ta tarar da shi durƙushe gaban wata Baturiya mai yawan dariya. Ranar Mubina ta manta da ciwon gwiwa, ta shige gaban layi, ko waiwaye ba ta yi ba. Da aka tsaya shan shayi a saman tudu, ya kawo mata kofi ta ƙi karɓa.

"Kowa kake durƙusa wa," ta ce, idonta a kan duwatsu.

"Kowa nake ɗaure wa takalmi, gaskiya ne. Amma ke kaɗai nake addu'a naki ya kwance."

Ta ciji leɓe don kada murmushi ya kufce mata, ya kufce.

"Mubina, na gaji da cin tuwo ni kaɗai. Ina son ki, kuma da aure nake son ki. Ki ba ni izini in tura manya Anka."

Ta karɓi kofin da hannu biyu. "Na ba ka, Jagorana."

To, ashe akwai wata tsohuwa a cikin baƙin da ta ɗauke su hoto yana ɗaure mata takalmi, ta tura wa Mubina don ta ga ya yi kyau. Mubina ta tura wa ƙanwarta Nusaiba. Nusaiba kuwa bakinta da yatsanta duk ba sa riƙe abu, ta jefa shi a zauren 'yan uwa na waya. Daga nan ya faɗa hannun Abdulbasit, ɗan ƙanen mahaifinta da ke aiki a Gusau, wanda ya daɗe yana son Mubina ita kuwa tana kiransa Yaya. Bai yi wata-wata ba ya kai wa mahaifin nata, Malam Makau.

Saƙon da Lirwanu ya samu bayan haka ya fi duk sanyin da ya taɓa sha.

"Baba ya ga hoton. Ya ce bai tura ni karatu don in kwaso mai ɗaure wa Nasara takalma ba. Ya ce namijin da ya saba durƙusa wa mata ba ya riƙe gida. Na yi kuka, na yi bayani, bai saurare ni ba. Ya ce kada in sake taka dutsen nan. Ba zan saɓa masa ba, Jagorana. Ka yafe mini."

Ya rubuta, ya goge, ya sake rubutawa.

"Ki bi maganar Baba, sanyin idona. Ni ina nan a baya, ba inda za ni."

Sauran sanyin nan, Allah kaɗai ya san yadda Lirwanu ya ƙarasa shi. Yana ɗaure wa mutane takalma, yana musu murmushi, yana bin bayansu shiru. Takalmin mai jar igiya ya rataye shi can ƙuryar ɗakin ajiya, duk wanda ya miƙa hannu sai ya ce masa wannan ya lalace. Ya yi kewarta ƙwarai, kewa irin mai hana cin abinci. Dusa ta narke, Mubina ta gama karatu ta koma Anka, ko sallama ba su yi ido da ido ba.

Da damina ta kankama ya samu hutu ya zo gida. Ya roƙi Baffa Halilu, ƙanen mahaifinsa, ya raka shi Anka. A cikin mota Baffa ya ja masa kunne.

"In an tambaye ka sana'a, ka ce karatu kaka yi. Kar in ji zancen takalmi, ka ji ko?"

Aka shimfiɗa musu tabarma a zaure. Malam Makau dattijo ne dogo mai kaifin ido, ƙafarsa ɗaya naɗe da bandeji saboda ciwon suga, sandarsa a gefe. Abdulbasit na zaune kusa da shi, sai ƙamshin turare yake. Aka gaisa, Baffa ya faɗi abin da ya kawo su. Dattijon bai dubi Baffa ba, Lirwanu ya duba.

"Kai na na cikin hoton ga?"

"Ni ne, Baba."

"Ka bar aikin?"

Baffa ya taka masa ƙafa a ɓoye. Lirwanu ya sunkuyar da kai.

"Ban bari ba, Baba. Aikina ne."

Abdulbasit ya yi wani ɗan tari mai kama da dariya. Malam Makau ya jawo sandarsa.

"To, kun sha hanya. Ku yi la'asar ku koma da sauran rana."

Shi ke nan, an rufe magana. 

Aka kira salla. Ruwa ya sauka da safe, lungun ya zama taɓo. Abdulbasit da samarin gidan suka tattare riguna suka yi gaba don su samu sahun farko, Baffa ma da fushinsa ya bi su. Aka bar dattijon yana jan ƙafa, yana dogara sanda. Lirwanu bai ma san ya yi ba, ƙafarsa ce kawai ta rage sauri, ya koma bayansa.

Malam Makau ya waiwayo. "Wuce mana."

"Ba na iyawa, Baba. A wurin aikinmu na baya ba ya wuce kowa."

Dattijon ya yi tsaki ya ci gaba. Ba su yi nisa ba taɓo ya riƙe takalmin ƙafar mai ciwo, ƙafar ta zare ta bar shi. Malam Makau ya tsaya da ƙafa ɗaya yana rawa a kan sanda, bandejin na lilo kusa da ƙazamin ruwa.

Ga masu shago a kan benci suna kallo. Ga Abdulbasit ya juyo daga ƙofar masallaci. Lirwanu ya san sarai in ya durƙusa, hoton nan ne zai sake fitowa, yau kuma a tsakiyar Anka, a gaban mutumin da ya kore shi saboda shi. Farar shadda ce a jikinsa, wadda Inna ta sa aka ɗinka masa don wannan rana.

Ya durƙusa cikin taɓon.

"Dafa ni, Baba."

Ya zaro takalmin, ya goge cikinsa da gefen rigarsa, ya tallabi ƙafar a hankali ya saka, ya ja maɗaurin daidai yadda ba zai matse ciwon ba. Wani daga kan benci ya ce, "Ashe dai sana'ar ce!" aka kwashe da dariya. Lirwanu ya ji ta har cikin ƙashinsa, amma bai ɗago ba sai da ya gama. Hannun dattijon na kan kafaɗarsa, kuma ko da takalmin ya zauna, hannun bai tashi da wuri ba.

Sun rasa raka'ar farko. A sahun ƙarshe suka tsaya kafaɗa da kafaɗa.

Da aka sallame, Baffa Halilu ya miƙe zai nemi mota, Malam Makau ya ɗaga masa hannu.

"Malam Halilu, zamna." Ya ja carbi, sannan ya ce, "Tun da ƙafar ga ta kama ni, kullum ni kaɗai nika isowa masallaci. 'Ya'yan cikina su wuce, 'ya'yan ƙannena su wuce. Ban taɓa faɗa ma kowa ba, amma abin yana yi mini ciwo." Ya ajiye carbin. "Yau ban iso ni kaɗai ba."

Abdulbasit ya sunkuyar da kai. Dattijon ya dubi gwiwoyin Lirwanu da suka yi baƙi da taɓo.

"Ɗiyata za ta zauna ƙasar da ba ta da kowa. Abin da ke hana ni barci ke nan. Ku je ku shirya, ku turo."

Suna kan hanyar Gummi saƙo ya shigo.

"Nusaiba ta leƙa ta katanga ta ga komai, ka san bakinta. Ina ta kuka, Inna na ta yi mini dariya. Kada ka wanke shaddar nan, Jagorana, ni zan wanke ta."

Bayan an kai amfanin gona gida aka ɗaura aure a ƙofar gidan Malam Makau. Mutanen Gummi suka cika motoci, aka raba goro da dabino, Innar Lirwanu ta yi guɗa har muryarta ta dushe. Abdulbasit ma ya zo, ya ba ango hannu, kuma tun daga ranar nan an ce shi ke rako dattijon masallaci duk lokacin da ya zo gari.

Da za a tafi da amarya, Malam Makau ya sa aka kira ango. Ya kama hannunsa ya riƙe gam.

"Na ba ka ita amana. Ba ta da sauri, tun tana ƙarama haka take. Ka jira ta."

"Zan jira ta, Baba."

"Allah ya yi muku albarka. Allah ya sa kada ɗayanku ya iso shi kaɗai."

Aka shafa, zaure ya amsa da amin.

Da sanyi ya sake zagayowa, ranar fitar farko, Lirwanu ya shiga ƙuryar ɗakin ajiya ya sauko da takalmin mai jar igiya, ya kaɗe masa ƙura. Mubina na zaune a kan benci, sauran lalle bai gama fita daga hannunta ba. Wannan karon ba ta kawar da fuska ba. Ta miƙo ƙafa ta ce, "Ɗaura mini, maigida."