Cinikin Auren Saude Mai Gudu

Abin da na rasa a kan auren Saude shi ne tumatir na rani biyu, da rabin filin da maigidana ya bar mini a bakin kanal, da sunan da na yi a Kura na matar da ba a taɓa yi wa ragi ba. Abin da na samu kuwa suruki ne guda, siriri kamar karan dawa, da 'yar da har yau take gaishe ni da fara'a. Wanda ya ga kamar na faɗi a cinikin nan ya riƙe ra'ayinsa, ban tambaye shi ba.

Sunana Barira. Tun da Malam ya rasu, Allah ya jiƙansa, ni nake noma filinsa, ni nake sayar da abin da ya fito. Dillalai sun san ni. In mutum ya ɗaga tumatirina ya ce ya yi laushi, sai in karɓe abina, in kaɗe zani, in juya. Ban taɓa yin taku goma ba a kira ni ba.

Saude ita ce autata. Gudunta a bakin kanal ya fara. Ranar da layin ruwa ya zo kanmu, in mai buɗe ruwa ya wuce a kekensa ba ka tare shi ba, shi ke nan, shukarka ta kwana da ƙishi. Ita nake aikawa, kuma ba ta taɓa dawowa ba shi ba. Wata malama a makarantarsu ta gan ta, ta kai ta Kano. A shekarar da aka canja launin kuɗi har ta fara yi wa jiha gudu. Iri biyu take yi, na zagaye biyu da na zagaye huɗu babu kaɗan, wanda suke cewa mita dubu da ɗari biyar.

Wata safiya ina tsakar gida ina gyaran albasa ta shigo tana haki, gumi har wuya.

"Inna, ranar Asabar mutanen gidan su Sammani za su zo."

"Wane Sammani? Mai bin ki a babur da agogo a hannu kamar an ba shi ajiyar rana?"

"Haba Inna! Tayim yake ɗaukar mini. Yau fa na cire sakan uku!"

"Sakan uku. A wace kasuwa ake sayar da shi?"

Ta yi dariya ta rufe fuska da gyale. Nan na gane abin ya yi nisa.

Sammanin nan ɗan Alhaji Baballe ne, babban dillalin tumatir na yankinmu, mai manyan motoci uku da ke zuwa Legas. Na san Baballe tun yana dakon kwando a ka, da riga ɗaya. Yanzu in zai gaisa da mutum sai ya fara duba takalminsa.

Ranar Asabar ƙanwar Alhajin, Tambaya, ta zo da mata biyu. Ta zauna a tabarmata tana tattare leshi kamar ƙasa za ta cije ta, haƙorin Makka yana ƙyalli. Bayan gaisuwa ta ce:

"To Barira, yaro ya gani yana so. Mu dai ba mu ƙi ba. Sai dai gaskiya yarinyar nan idon duniya ya gama ganin ta. Gajeren wando, maza suna ihu, har a jarida! Alhaji ya ce a rufa asiri, za mu karɓa haka nan, amma daga yau ta ajiye gudun."

Ni kuwa da na ji "za mu karɓa haka nan", sai kunnena ya ji abin da ya saba ji a bakin titi. Mai saye ne yake kushe kaya don a sassauta masa. Na gyara zama.

"Allah sarki, Tambaya. Ai ni ma na duba naku. Yaro ba ƙiba, ba murya, iska mai ƙarfi ta taso sai a neme shi a Bunkure. Amma tunda kun zo, ga nawa. Akwati goma sha biyu, saniya da ɗan maraƙinta, da filin Alhaji na kan ruwa. Gudu kuma sai ranar da ƙafarta ta ce ta gaji."

"Filin Alhaji? Ke Barira, kin san da wa kike magana?"

"Da ƙanwar mai dakon kwando."

Na miƙe, na kaɗe zani, na shige ɗaki. Na tsaya bayan labule ina jiran a ce "dawo mana, a daidaita". Taku goma, ashirin. Abin da na ji kawai ƙarar ƙyauren gida.

Saude tana ɗaki, ta ji komai. Hawaye shaɓe-shaɓe.

"Inna, me kika yi? Wayyo Allah, me kika yi!"

"Rufe mini baki. Za su dawo. Kowa yana dawowa."

Ba su dawo ba.

Wanda bai san noman rani ba bai san inda wuyan manomi yake ba. Tumatir naka ne, amma kwandon na dillali ne, motar ma tasa ce. Baballe bai ce mini uffan ba. Yaransa dai suka riƙa sauke kwanduna a filin dama da filin hagu, su tsallake nawa. Sauran ƙananan dillalai kuwa a motarsa suke loda kaya, wa zai ɓata da shi saboda tsohuwa? Tumatir ya nuna jawur, ya fara tsagewa a jikin uwarsa. Na ɗauki wuƙa na zauna yanka, ina shanyawa ya zama kauɗa, abin da ake sayarwa a wulaƙance. Matan da nake koya wa ciniki suka riƙa wucewa suna "sannu da aiki, Barira", da wata irin murya. Marasa kunya.

A kwana na uku sai ga inuwa a kaina. Sammani ne, a kan wani tsohon keke mai kuka.

"Inna, sannunku da aiki."

"Ina babur ɗin?"

"Alhaji ya karɓe makulli."

"Madalla. Me ka zo yi?"

"Na zo taya ku yanka."

"Ubanka ya ruɓar, kai ka zo shanya? Kun raba aikin da kyau."

Ya tsuguna, ya zaro wuƙa daga aljihu. Tumatir na biyar ya yanke yatsa. Na ce masa ya matsa kada ya sa mini jini a kaya, ya ɗaure da tsumma ya ci gaba. Ya zo washegari, ya zo jibi. Ban taɓa ba shi ko ruwa ba. Saude ce take kawo masa a ɓoye, tana tsammanin ban gani ba.

Kullum da sassafe kuma yana kan keken nan a gefen kanal, ita tana gudu, shi yana taka feda yana ihu: "Saura sakan biyar! Ɗaga ƙafa, Saude, kamon!" Wani lokaci ma ta bar shi a baya, keke da shi duka. Mutane suna dariya. An ce uban ya nuna masa 'yan mata uku na gidajen masu kuɗi, ya ce shi dai a yi haƙuri. An hana shi shiga harkar mota, ya koma leburan shinkafa a filayen mutane, ɗan gidan motoci uku!

Amma zuciya ba ta gudu da nauyi. A gasar ƙarshen shekarar nan Saude ta zo ta biyar, ita da ba ta saba ganin bayan kowa ba. Rani na biyu ya zo, kwanduna suka sake tsallake ni. Babu abin sayen taki, dole na saki rabin fili ga wani maƙwabci da ya daɗe yana haɗiyar yawu a kansa.

Ranar da na saki filin, na dawo na tarar da ita zaune a bakin murhu, ko wuta ba ta hura ba.

"Inna, zan bar gudun. Ki aika musu. Fili ya tafi, Sammani ya rame, koci mai horar da mu ma ya ce in ban dawo daidai ba za a cire ni daga tim ɗin jiha."

"Ki bari? Bayan duk asarar nan? Su ce sun saye ki da araha?"

Ta ɗago ta dube ni, irin kallon da ba ta taɓa yi mini ba.

"Su saye ni? Inna, ni kwando ce? Gwaggo Tambaya ta kushe ni, ke kuma kin sa mini kuɗi. Cikinku babu wadda ta tambaye ni me nake so!"

Na ja kujera na zauna kusa da ita.

"To me kike so?" na ce, da ƙyar.

"Ina son Sammani, ina son gudu. Ba saniya, ba akwati. Shi ma bai taɓa cewa in zaɓi ɗaya ba."

Ban ba ta haƙuri ba, ba a san ni da wannan ba. Na dai tashi na dama mata fura da nono mai kyau na Fulanin bayan gari, na ce ta shanye, gobe ta fita da wuri. Da yaron nan ya zo da kekensa, na miƙa masa ragowar a ƙwarya. Ya karɓa da hannu biyu kamar an ba shi sarauta.

Wata huɗu bayan haka aka yi babbar gasa ta ƙasa a kudu. Ranar fainal, wato gudun ƙarshe, tsakar gidana ta cika da mata, har da masu "sannu da aiki", an kewaye rediyon maƙwabta. Turanci ake yi, ba na ji. Sammani yana tsugune a bakin zaure yana fassara mana da ihu.

"Tana ta huɗu! Inna, ta huɗu! An kaɗa ƙararrawa, zagayen ƙarshe! Ta wuce ɗaya, ta wuce biyu! Wayyo, doguwar nan ta tare ta! Ta fita ta waje, ta fita ta waje! Gwal! Inna, ta zo ta ɗaya, gwal ne wallahi!"

Ya faɗi zaune yana kuka kamar yaro. Ni ban yi kuka ba. Hayaƙin murhu ne ya shiga idona.

Abin da ya biyo baya shi ne abin dariya. Baballe yana kasuwar Legas a ranar. 'Yan kasuwa suka kewaye shi, "Alhaji, ba daga Kura kake ba? Ka san yarinyar nan?" Direbansa da bakinsa ya ba da labari, wai sai Alhaji ya gyara babbar riga ya ce, "Sani kuma? Ai surukata ce!" Har aka yanka masa kaza a kan maganar. Da ya dawo gida maganar ta riga shi isowa, kuma ba shi da suruka.

Sai ga shi a zaurena, shi da kansa, da Tambaya a bayansa, da Isiyaku ƙanen Malam wanda shi ne waliyyin Saude. Yau bai duba takalmin kowa ba.

"Barira, abin da ya wuce ya wuce. Akwati goma sha biyun nan na yarda. Saniya na yarda. Filin ma, a yi magana."

"Ikon Allah! Alhaji, yarinyar da idon duniya ya gama gani? Yanzu fa har na Legas sun gani."

Tambaya ta sunkuyar da kai. "Ai zolaya ce, Yaya Barira."

Yaya! Yau na zama yaya.

Wallahi da tumatir ne, ranar nan da sai na tatse shi har hula. Mai saye ya zo da kansa, ya riga ya yi alfahari da kayan a gaban mutane, ba shi da hanyar juyawa. Irin ranar da ɗan kasuwa yake roƙon Allah ya nuna masa sau ɗaya ke nan. Sai na hango Saude ta gefen labule, tana kallona, hannunta a ƙirji. Can waje kuma ga wancan siririn yana riƙe da kekensa a rana.

Ku 'yan mata da samari masu karanta wannan, ku ji da kyau. Ni da Baballe mun yi shekara biyu muna gwada taurin kai, ni na rasa fili, shi ya rasa mutunci. Yaran nan biyu ba su zagi kowa ba, ba su gudu daga gida ba, ba su saɓa wa iyaye da baki ba. Haƙuri suka yi, kowa yana aikinsa, har Allah ya kawo mu inda suke. Ku kuma iyaye, 'ya ba kayan kasuwa ba ce. Wanda ya kushe ta ya yi laifi, wanda ya sa mata kuɗi ma ya yi. Na faɗa sau ɗaya, ba zan maimaita ba.

Na ce, "Alhaji, riƙe saniyarka, ta fi kama da gidanku. Riƙe filinka. Lefe ku yi daidai ƙarfin yaron, ba naka ba."

Isiyaku ya zaro ido. "Barira, lafiyarki?"

"Ƙalau. Ban gama ba."

Ga abin da na karɓa, kuma a kansa aka shafa fatiha. Sadaki mafi ƙanƙanta da addini ya yarda da shi. Alhaji Baballe ya faɗa da bakinsa a gaban liman da shaidu cewa Saude za ta yi gudu har ranar da ita ta ce ta gaji. Sannan a saman akwatin lefe a ɗora sabon takalmin gudu mai ƙusoshi, a buɗe, ba rufi, Tambaya ta ɗauko shi a kanta tun daga ƙofar gidansu, ta bi ta tsakiyar kasuwar Kura da rana tsaka, har tsakar gidana.