Durƙuson Maazou

"Ɗauki ki gani! Ba ke ce mai lunettes, mai ido huɗu ba? Duba da kyau!"

Tanti Zouera, yayar babana, ta cillo mini wayarta tun ban tuɓe manteau ɗin sanyi ba. Daga labo nake, ɗakin gwaje-gwajen da nake aiki can Saint-Fons a gefen Lyon, na sha tram, na sha matakala don ascenseur, lif ɗin benenmu na unguwar Minguettes, ya sake yin yaji. Ga ƙamshin miyar kuka daga cuisine, ga Tanti ta tare hanya.

Na ɗauka.

Hoton Maazou ne.

Maazou nawa... wanda manyansa za su zo neman aurena da zarar ya dawo daga stage, wato horon aiki.

Yana cikin wani tsohon gini na dutse. Ya tuɓe takalma ya aje gefe, ya durƙusa har ƙasa, kai a sunkuye. A gabansa ƙaton gunki naɗe da ƙyalle ruwan goro, hayaƙin turare na tashi. Ƙasan hoton wani Bature abokin aikinsa ya rubuta: "Mon ami en prière," wai abokinsa na ibada.

Na ɗago na dubi Tanti.

"Tanti, wa ya turo miki?"

"Groupe ɗin famille! Har gida Maradi an gani. Babanki ya yi ta kirana har batir ya mutu."

"Wa ya sa a groupe?"

Sai na ji tari daga salon. Nazir ne, ɗan ƙanen marigayi mijin Tanti, zaune da kwanon tuwona a cinya. Tun ina lycée, wato sakandare, yake bina, tun ina lycée nake ce masa ya je ya huta.

"Ni dai amana na sauke, Shamsiya," ya ce yana suɗe yatsa.

"Amana? Tuwona ma ba ka bari ba, amanar wa za ka riƙe?"

"Shamsiya!" Tanti ta daka mini tsawa. "Ni na raine ki tun kina rarrafe. Da na ji an ce gyaran gidan gumaka ya tafi yi a Cambodge, na haɗiye, na ce karatu ne. Amma sujada? Wallahi ɗiyar ƙanena ba ta shiga gidan ga. Maganar aure ta mutu!"

Na shige ɗaki na rufe. Ni da ake cewa bakina ba ya mutuwa, ranar sai da ya suma.

Na kira Maazou.

"Shamsina..."

"Kar ka Shamsina ni! Malam, yaushe ka canza alƙibla ba ka gaya mini ba?"

"Kin ga hoton ke nan."

"Har kakata ta gani, ita da ba ta gani!"

Ya yi ajiyar zuciya. Maazou ɗan Damagaram ne, irin waɗanda aka yi wa tarbiyya har ta yi musu yawa. A unguwar Belleville ta Paris yake, wani ɗan ɗaki bisa restaurant ɗin ƴan Sin, yana karatun gyaran tsofaffin gine-gine don ya koma ya ceto gidajen Birni, tsohuwar unguwar garinsu, kafin su zube. A métro ligne 2 na fara ganinsa, ya tashi ya ba wata tsohuwa wuri, ya kuma rusuna mata, matar ta ƙanƙame jakarta tana zaton ɓarawo ne.

"Tsohuwa ce, Shamsi," ya ce. "Akwai wata tsohuwa da ke zama gefen gunkin, bayan ginshiƙi. Ta girmi kakata. Kullum ta gabanta nake wucewa. Ya zan wuce ta a tsaye da takalma?"

"To ina take a hoton?"

"Ginshiƙin ya rufe ta."

"Kai, Maazou! Duk faɗin Cambodge ba ka samu inda za ka yi ladabi ba sai gaban gunki?"

"Kin yarda da ni?"

Muryarsa ta yi ƙasa ƙwarai.

"Rabin raina... kin yarda?"

"Ni na yarda, sakarai. Ni ce zan ɗaura auren?"

Na kai wa Tanti bayani. Ta ce, "Tsohuwar da ba ta fitowa a hoto? To aljana ce." Maazou ya ɗauko hoton tsohuwar ya turo, Nazir ya ce ai tsofaffi sun cika duniya, kowa na iya samo ɗaya. Babana kuwa ya ce abin da yayarsa ta yanke shi ke nan.

Sati ya bi sati. Na rame har blouse ɗina ta labo ta koma kamar ta aro.

Sai Allah ya kawo tafiyar Bangkok.

Tanti na zuwa can saro gyale da takalma, tana sayar wa matan garinmu Vénissieux. Ni ce mai yi mata Ingilishi. Muna hôtel a Bangkok tana ɗaure kaya, na matso ina matsa mata ƙafa.

"Tantina ta kaina... kin gaji fa. Akwai wata ƙasa nan kusa, jirgi na tashi yana sauka. Na samo mana guide, ɗan jagora namu mu kaɗai, da mota mai sanyin clim, yini guda..."

"Cambodge."

Hannuna ya tsaya.

"Kina zaton a ƙauye aka haife ni? Tun a Lyon na ga kina ɓoye-ɓoye da waya." Ta ja zip ɗin jaka. "Mu je. In gani da idona, in rufe maganar ga har abada. Amma in babu tsohuwa, Shamsiya, ba ki ƙara kiran sunan yaron ga a gidana."

"In akwai fa?"

"Matsa ƙafar, ba surutu na ce ba."

Da muka idar da sallar asuba a Siem Reap, garin da muka sauka a Cambodge, guide ɗin na jiranmu a ƙofa. Sunansa Vuthy, siriri mai fara'a, Faransancinsa ya fi na Nazir nesa ba kusa ba. Ya buɗe mota, ya miƙo mana ruwa da ɗan tawul mai sanyi.

Tanti ta goge wuya. "Bon. Yaron ga dai ya san manya."

A ƙofar Angkor Wat, babban tsohon gidan ibadarsu, muka tarar an tsayar da wata Baturiya mai guntun wando. Vuthy ya ce ba a hawa sama sai an rufe kafaɗa da gwiwa.

Tanti ta gyara mayafi tana kallon matar sama da ƙasa. "Ashe suna da hankali."

Rana na fitowa ta bayan hasumiyoyin, ruwan tafki ya ɗauki hotonsu a kife. Vuthy na ba da tarihi: sarakunan Khmer, giwaye, dutsen da aka jawo daga nesa. Ni kuwa ko ɗaya ba ya shiga kaina. Tanti ta shafa bango inda aka sassaƙa mayaƙa jere.

"Ba siminti?"

"Babu, Madame."

"Mu ascenseur ya gagare mu."

A wani gini da ake kira Bayon, manyan fuskokin dutse suka kewaye mu, kowace na murmushi. Tanti ta kama a'uziyya, ta riƙe hannuna gam.

"Shamsiya, wancan kallona yake."

"Ya ga kyakkyawa ne, Tanti."

"Zan ci gidanku a gaban baƙo!"

A Ta Prohm, inda saiwar itace ta haɗiye gini kamar maciji, ta yarda na ɗauke ta hoto, amma sai da ta tabbata babu gunki ko ɗaya a bayanta.

Bayan azahar, da muka yi salla a gindin wata itaciya Vuthy na gadin takalmanmu, na nuna masa hoton Maazou. Ya duba ginshiƙin, ya duba ƙyallen.

"Preah Khan," ya ce. "Na san wurin."

Na tura wa Maazou saƙo: mun taho. Sai wani tunani ya faɗo mini: in tsohuwar ba ta fito yau ba fa? In ba ta da lafiya? In ta... Na ce astagfirullah, Allah ka ja ranta ko zuwa la'asar ne.

Muka bi wani dogon lungu, ƙofa cikin ƙofa, kowace ta fi ta baya gajarta. Duhu-duhu, warin jemage da turare. Tanti na haki.

Sai ga shi.

Gunkin. Ƙyallen ruwan goro. Ginshiƙin.

Babu kowa.

Tanti ta juyo ta dube ni. Da ta zage ni da ya fi mini sauƙi. Hawaye suka cika mini lunettes.

"Mu tafi, ɗiyata," ta ce a hankali.

Sai muka ji an tofar da yawu.

Daga bayan ginshiƙin wani ɗan hannu ya leƙo, duk jijiya. Muka zagaya. Ga ta zaune a tabarma, ƴar mitsitsiya, kai a aske, fararen tufafi, baya ya tanƙware. Fuskar nan kamar busasshen dabino. Ta ɗago ta yi mana murmushi, bakin jawur.

Ban san lokacin da abin ya faru ba.

Tanti Zouera, Hajiya sau biyu, shugabar matan tontine, wato adashi, na Minguettes, ta zame takalmanta. Ta tattare zane. Ta durƙusa har ƙasa.

"Sannu, Iya. Ina wuni? Ina gajiya? Ya jiki da tsufa?"

Da Hausa! Tsohuwar kuwa tana amsawa da nata yaren, ta kama hannun Tanti tana shafawa.

Ni kuma... ku yafe mini... hannuna ne ya ɗaga waya da kansa.

Ƙyas!

"Shamsiya, duba bakinta! Goro take ci!"

Vuthy ya ce wani ganye ne da tsofaffinsu ke taunawa. Tanti ba ta saurare shi ba, ta kwance bakin mayafi ta ɓallo goro ta miƙa da hannu biyu. Tsohuwar ta gutsura, ta yamutsa fuska, ta fashe da dariya. Ta ɗauko wani jan zare za ta ɗaura wa Tanti a hannu. Tanti ta dafa ƙirji.

"A'a, Iya, wannan ba namu ba ne. Na gode."

Tsohuwar ta aje zaren tana wata magana. Vuthy ya fassara: "Ta ce kun yi kamar baƙin yaron nan mai gyaran bango da take kira ɗanta. Shi ma ba ya karɓar zare, ba ya karɓar turare. Gaisuwa kawai, kullum, sai ya cika mata gorar ruwa."

Tanti ta dubi tsohuwar. Ta dubi ginshiƙin. Ta ɗaga kai ta ga abin da ke tsaye a gabanta. Sannan ta dubi ƙafafunta, babu takalma.

"La ilaha illallahu..."

Ta miƙe da ƙyar, ta juya wa gunkin baya.

Daidai nan Maazou ya shigo, da hular kwano ta chantier, duk ƙura, ya rame shi ma. Idonmu ya haɗu. Wayyo... da ba don Tanti ba!

Yana ganinta ya zubar da takalma, ya zube a gabanta.

"Hajiya, barka da zuwa. Ina gajiyar hanya?"

Tanti ta waiga bayanta, ta zabura.

"Kai! Tashi! Tashi, ɗan banza, gunkin na bayana! So kake a sake ɗaukar ka?"

Dariya ta ƙwace mini har na zauna a ƙasa. Vuthy na dariya, tsohuwa na dariya ba ta san dalili ba. Maazou ya rasa inda zai sa kansa, rabi a tsaye rabi a durƙushe.

Tanti ta kama kunnensa ta ja shi gefe, inda babu komai sai bango.

"To, nan. Gaishe ni."

Ya gaishe ta. Ta dafa kansa ta daɗe.

"Wa ya raine ka?"

"Kakata, Hajiya."

"Allah ya saka mata. Amma ka riƙa duba gabanka, ka ji?"

A mota na matso kusa da ita, na buɗe hoton.

"Tantina... kin ga yadda kika fito? Tsohuwar ma ba ta fito ba. Ginshiƙi ya rufe ta."

Ta karɓi wayar ta ƙura ido. Ga Hajiya Zouera durƙushe, ga gunki, ga hayaƙi.

"Nawa za ki ba ni in goge?" na ce.

"Tura mini."

"Me?"

"Tura mini na ce!"

Na tura. Ina kallo ta buɗe groupe ɗin famille ta saka shi da hannunta. Ta danna vocal, ta gyara murya:

"Salamu alaikum. Ni ce Zouera. Ga ni nan inda yaron ga ya durƙusa, ni ma na durƙusa. Wanda zai ce na bar salla ya fito ya faɗa, ina saurare. Nazir, da kai nake. Alhaji ƙanena, ka shirya, baƙi na zuwa daga Damagaram."

Can sai ga rubutu: Nazir ya fita daga groupe.

An ɗaura aure a Maradi, aka yi walima a wata salle a Vénissieux. Ƴan Belleville suka cika jirgin ƙasa na TGV suka zo. Vuthy ya turo mana vidéo: tsohuwar na ɗaga mana hannu, tana tambaya ko akwai sauran goro.

Da aka kai ni, kowa ya watse, Maazou ya shigo da babbar riga yana sanɗa. Ya tsaya bakin ƙofa ya fara zame takalma.

"Shamsina..."

"Tsaya!" na ce daga cikin mayafi.

Na waiga bayana, na duba dama, na duba hagu.

"To, ba kowa, ba gunki. Durƙusa, mon cœur, rabin raina."