Ranar da Yalwa Ta Kayar da Inna

"Tulu uku ta fasa a kakar nan, Shitu. Ita za ka kawo mini gida?"

Inna ba ta ko ɗago kai daga ɓarar gyaɗa ba.

"Inna, ba iska ba ce fa..."

"To mece ce? Budurwa ta ji ƙugin jirgin sama ta kife a ƙasa?"

Wallahi na gaji da bayani. Duk garinmu Yako an san Malam Alƙasim ne ya taho da Yalwa daga garin Kasala, can gabas, yana dawowa daga hajjin da ya je ta ƙasa, shekarar da jiragen yaƙi suka yi wa garin ruwan bom. Tana 'yar mitsitsiya ta rasa uwa da uba rana ɗaya.

Ita ma Yalwar ba ta sauƙaƙa mini ba. Bakina har ya yi tsami.

"Yalwata, jirgin Kano ne, mutane kawai ya ɗauko."

"Na sani, Yaya Shitu... ƙafafuna ne ba su sani ba."

To ka ji fa!

Ranar Laraba Inna ta yafa mayafi, za ta je ta ba Malam haƙuri a bar maganar auren. Na bi bayanta ina magiya, ko waiwayowa ba ta yi ba.

A ƙofar gidan Malam muka tarar da Yalwa da ƙwaryar fura. Ta durƙusa ke nan za ta yi gaisuwa, sai ga ƙugin nan daga sama. Na ce shi ke nan, tawa ta ƙare.

Ƙwarya ta yi gefe. Yalwa ta yi tsalle ta kayar da Inna, ta kwanta a kanta, ta rufe mata kai da hannu biyu.

"Kada ki motsa, Inna... kada ki motsa..."

Jirgi ya wuce. Inna ta tashi zaune, fura har a gira. Na jira zagi. Sai ta juya wajen Yalwa.

"Wa ya koya miki wannan?"

"Haka uwata ta yi mini."

"Ita kuma wa ya rufe ta?"

Yalwa ta girgiza kai.

Inna ta goge idonta da bakin mayafi, wai fura ce ta shiga. Sannan ta galla mini harara.

"Ka tsaya kana kallona? Je ka gaya wa babanka a kawo goro. Ruwa kuma kai za ka dinga ɗebo mana, tuluna saura biyu."