Kalar Rigar Marigayiya

Kiggundu ya fara ganin Namuddu ne a tashar motar garin Masaka, riƙe da jar lema, tana zazzaga wa ɗan acaɓa masifa. Nan take ya kamu.

Fim yake haɗawa, na minti goma sha biyu: mutum biyu su ba da labarin rana guda, kowa a ɗakinsa. Da soyayya ta yi nisa, ita ta kawo masa babanta da gwaggonta. Suka zaɓi ranar da Baba ya fara ganin marigayiya mahaifiyar Namuddu, a bikin wani ɗan'uwa.

Baba ya ce shuɗiyar riga ta sa. Gwaggo ta ce rawaya. Kiggundu ya raba allon biyu, ya jera su suna magana lokaci guda. Ranar da aka nuna fim ɗin, mutane suka kwashe da dariya.

Baba ya miƙe. "Matata ce! Shekara ashirin da shida muna tare! Kai ɗan kyamara, ni za ka mayar maƙaryaci? Ƙafarka ba za ta taka gidana ba."

Saƙon Namuddu ya shigo wayar Kiggundu: "Na ba ka uwata, ka mayar da ita abin dariya. Kada ka kira ni."

Ya rubuta: "Sanyin idona, ba dariya na nema ba."

Sati uku suka wuce.

Ya je ya durƙusa gaban Gwaggo, don a al'adarsu ba a neman aure sai ta ƙofarta.

"Tashi, sakarai! Rawaya ce, ni na goge mata ita!" Ta janyo tsohon akwati don ta kunyata ƙanenta. Hoton bikin ya fito.

Koriya.

Suka kai wa Baba. Ya daɗe yana kallo.

"Ƙarya ne," ya ce. Sai hawaye. "Yaya, fuskarta ma ta fara ɓace mini. Abin da ke ƙona min rai ke nan." Ya harari Kiggundu. "Sa hoton a ƙarshen fim ɗin naka. Sannan ka turo manyanka."

Saƙon Namuddu: "Har yanzu ina fushi. Zo ka ci abinci."

Ranar aure koriyar riga ta sa. Kiggundu ya raɗa mata, "Tun ranar jar lemar nan nake jiran yau."

"Lema? Ban taɓa mallakar lema ba."

"Ja ce."

"Za ka fara, ko?"

Baba ya ɗora musu hannu a ka. "Allah ya sa ku tsufa tare kuna wannan gardamar."