Hannayen Auta a Bango

"Kashe shi!"

Mai hoto ya juyo a razane. Auta ko kallonsa ba ta yi ba. Idonta na kan farin bangon ɗakin baje koli, inda bidiyon hannayenta ke tura yadi ƙarƙashin allura sannu a hankali, kamar mai shafa kan jariri.

"Rabin raina, lafiya?"

"Ni ce wannan? Yaushe na taɓa ɗinki haka?"

Wata uku ya yi yana zarya masana'antar ɗinkin da take aiki, yana ɗaukar hannayen mata da ƙarar kekunansu, don masu sa tufafin su ga wahalar da ke bayansu. A can ya ga Auta, a can zuciyarsa ta maƙale. Mama kuwa, mahaifiyar Auta, tun farko ta ce ba da yawunta ba: "Mai kallon wahala daban, mai shan ta daban. Yana gama hotonsa zai kama gabansa."

"Gudun na ɗan rage..." in ji shi. "Don ya yi kyau."

Mai ɗakin baje kolin, wadda ta daɗe da ɗora ido a kansa, ta matso tana murmushi.

"Shawarata ce, ƙanwata. Baƙina ba sa son abin da zai tayar musu da hankali."

"Mu da ko ruwa sai mun nemi izini kafin mu sha!" Auta ta juya gare shi. "Ka mai da mu 'yan rawa. Ashe gaskiyar Mama ce."

Ta fice. Kwana tara wayarsa na shigowa, ba ta ɗaga ba, ga kewa tana cin ta.

Ranar buɗe baje kolin ga jama'a, Mama da kanta ta yafa mayafi ta tasa Auta gaba, wai a je ta ga ƙarshen ƙarya.

Tun daga ƙofa ƙarar kekuna ta tare su. A bango hannayen Auta na gudu, ainihin gudunsu, har ido ba ya iya bi. A tsakar ɗakin kuma ga keken ɗinki, ga mai hoto a kai sharkaf da gumi, yana fafutukar kamo hannayen bango. Tun safe yake, yatsu uku a naɗe da filasta. Baƙi sun zuba masa ido, mai ɗakin ta tsuke baki a gefe.

Ya ɗago, suka haɗa ido da Auta.

"Na kasa kamo ki, masoyiyata... ko rabi."

Hawaye ya zubo mata.

Mama, wadda ta yi shekara ashirin a kan keke, ta daɗe tana duban sa. Can ta ja tsaki.

"Ɗan nan, ba haka ake riƙe yadi ba. Saki kafaɗarka!"

Ya saki.

"Gobe ka turo magabatanka, tun kafin ka ƙarar da yatsun."