Ƙwaryar da Magaji Ya Ƙi Buɗewa

"Buɗe ta!"

Tabawa ce ta faɗa, tana tsaye a bakin ruwan Wara, igiyar ruwa na lasar ƙafarta. Magaji na zaune cikin kwalekwalensa, ya rungume ƙwarya rufe da faifai kamar mai riƙon jariri.

"Tabawa, rage murya, mutane na kallo..."

"Su kalla! Kai kaɗai ne ba ka iya kallo ba!"

Wanda bai san gidansu ba zai ce ta yi rashin kunya. Mahaifinta, Malam Sahabi, ya yi aikin ginin dam ɗin Kainji, kuma ruwan da suka tare shi ya cinye garinsu. A wurin aikin ne wani injiniya ya gaya masa cewa ƙwayar zarra mafi ƙanƙanta ba ta tsayawa wuri guda sai an dube ta, kafin nan tana nan kuma tana can. Malam ya ɗauki maganar ya haɗa da zaman halwa, ya sa wa abin suna Tafarkin Rufi. Mabiyansa ba sa ɗaga tarkon kifi sai sun rufe ido sun nutsu, don a wurinsu kifi na ciki kuma ba ya ciki, sai ido ya sauka Allah Ya yanke. Ko tsohon garin nasu, Malam cewa yake yana nan lafiya, tunda ba wanda ya ga rushewarsa.

Har neman aure abin ya shiga. Budurwa za ta sa amsarta cikin ƙwarya, farin goro in tana so, gawayi in ba ta so, ta rufe ta miƙa. Ba ta da izinin furtawa da baki, saurayi ne zai buɗe da hannunsa.

Tabawa ta miƙa tata a makon da aka yanke Kebbi daga Sakkwato, ana ta kiɗa a Yelwa. Ga shi har an girbe gero, ƙwarya na nan a rufe. Tana son Magaji, so mai hana ta cin abinci, abin da ya fi ƙona mata rai ke nan.

Da safen nan Inna, mahaifiyarta, ta kai bango.

"Namijin da ke tsoron ƙwarya, mi za ya yi in ya ga kada?"

"Muddin tana rufe," in ji Malam, "ɗiyarki an ba da ta, kuma ba a ba da ta ba."

"To ni ban haihi ɗiya rabi da rabi ba! Tabawa, tahi ki amso ƙwaryar ga. In kin dawo da ita a ruhe, maganar Magaji ta mutu gidan nan."

Shi ne ta taho.

"Inna ta aiko ni in amsa," ta ce. "Miƙo."

Magaji ya ƙara ƙanƙame ƙwaryar.

"Na san abin da ke ciki, Tabawa. Fatsuma ta hwaɗa mini... ta ce a gabanta kinka sa gawayi."

Fatsuma 'yar kawunsa ce, wadda kullum ke kai masa fura bakin ruwa ba wanda ya aike ta. Tabawa ta ji kamar ta fasa ihu, amma doka ta ɗaure mata baki.

"Tunda ka sani, mi ka ke jira?"

"In ban buɗe ba, akwai goro ciki ko da rabi ne," ya ce. "In na buɗe, shi ke nan na rasa ki. Gara in zauna da rabinki, masoyiyata, da in zauna babu ke."

Hawaye ya cika mata ido, amma ba ta sassauta ba.

"Ni ba a zama da rabina, Magaji. Ka buɗe ko ka miƙo."

Ya dube ta. Sannan ya rufe ido yadda Malam ya koya musu, ya yi bisimilla, ya ɗaga faifan.

Babu komai a ciki.

"Tabawa... wayam!"

"Ka ga gawayin Fatsuma ke nan."

Ta kwance haɓar zaninta. Ga farin goro, ga gawayi, a ƙulle wuri guda.

"Ran da na ba ka, ni ma ban san irin mijin da za ka zama ba. Na ce in ka iya dubawa, goro naka ne. Duk ranar kasuwa sai na sauya shi, don bushewa yakai. Gawayin kam ban taɓa sauyawa ba."

"Da na miƙo miki a ruhe fa?"

"Da gawayin zan sa in maido maka. In koma gida in yi kukana."

Ta shiga ruwa har gwiwa, ta ajiye goron cikin ƙwaryar, ta saki gawayin. Bai nutse ba, ya tsaya yana yawo a gefen kwalekwale. Magaji ya sa filafili ya tura shi can tsakiyar tafki.

"Taso," ta ce tana share ido. "Inna na jira. Kuma ka riƙo ta a buɗe."