Tukunya Marar Hayaƙi

Ranar da Insha ta fara shiga shagon Mudasir mai gyaran kayan lantarki, tsallaken gidansu, rungume take da tukunya kamar mai ɗauke da jariri. Ana dab da kama azumi, sanyin Srinagar bai saki mutane ba tukuna, ruwa na ta ɗiga daga kwanon rufi.

"Wannan abin ya ƙi kamawa," ta ce, ko kallonsa ba ta yi ba.

Tukunyar lantarki ce, irin wadda ake zuba wa kaya da yamma a ƙyale ta tana dahuwa a hankali har gari ya waye. Mudasir ya juya ta, ya duba filogin, sannan ya duba mai tukunyar. A nan kuwa ya daɗe fiye da yadda gyara yake bukata.

"Lafiyarta ƙalau, filogin ne na ƙasar waje. Me za a dafa?"

"Harisa."

Dariya ta ƙwace masa. "Harisa a wannan? Ba tukunyar ƙasa, ba garwashi? Ai da Naba Kak yana da rai da ya..."

"Ni 'yarsa ce."

Dariyar ta mutu a bakinsa. Bai daɗe da dawowa daga koyon gyara ba, da zai tafi ya bar ta yarinya, ga shi yanzu ta ja mayafi har hanci.

Duk unguwar ba wanda bai san Naba Kak ba; Kak ɗin girmamawa ce da ake yi wa dattawa. Kowane jajibirin Salla shi ke ɗora harisa a ƙaramin ɗakinsa na ƙasa: naman rago da shinkafa da kayan ƙamshi, su kwana a kan garwashi, yana tuƙawa har nama ya narke ya bi shinkafa. Ana saukowa daga Idi kowane gida sai ya ga kwanonsa. Bara, da asubar ƙaramar Salla, aka same shi zaune jingine da bango, muciya a cinya, ƙofa a rufe ruf. Hayaƙin gawayi ya ɗauke shi cikin barci. Harisar kuwa ta nuna luguf, ba wanda ya taɓa ta.

Gawayin daga wajen Rahman Kak aka saya, mahaifin Mudasir.

Tun ranar jana'iza Hajra, uwar Insha, take faɗa wa duk mai zuwa gaisuwa cewa jiƙaƙƙen gawayi aka sayar wa mijinta. Kun san mata da magana. Kafin arba'in rabin unguwa sun koma saye a wani layin, tsohon yana zaune gaban buhunansa yana jan carbi. Ita kuma Hajra ta hana gawayi shiga gidanta, ko kaskon jin ɗumi ba ta yarda a hura, tana zaune cikin sanyi tana ramewa. Loma biyu, ta ture kwano.

"Harisa kaɗai Ammi take ci da marmari," Insha ta ce a hankali. "Na ce ko in ta ji ta ba tare da hayaƙi ba..."

"Bar ta nan," ya ce. "A gida ƙamshi zai tona ki. Ki gwada a bayan shago."

Haka azumin ya tafi. Takan biyo da yamma da ƙullin nama ta zuba, shi kuma ya ɗanɗana da sahur ya turo hukunci ta waya.

"Insha-jan, wannan kunu ne. Na sha, na gode."

"Injiniyan gawayi, wa ya tambaye ka? Kai da ko shayi ba ka iya ba."

Bayan kwana biyu: "Yau ta kama ƙasa. Na cinye har ƙanzon, don hannunki ne."

"Maƙaryaci. Na rage ruwa ko na ƙara?"

"Ki rage ruwa, ki ƙara zuwa."

Wannan saƙon ta karanta shi ya fi a ƙirga, a ƙarƙashin bargo, tana murmushin da ta manta tana da shi tun bara.

To, shago a bakin layi, ga matan da ke jiran burodi a tsallake ba su da aikin yi sai ido. Maganar ta bi gida gida har ta faɗa kunnen Khala Rafiqa, yayar Hajra, wadda ɗanta Basit yake aiki a Dubai. Shi ne ma ya aiko da tukunyar, kuma ba don Allah kaɗai ya aiko ba.

Insha na shigowa ta tarar da uwarta da Khala zaune, shayi ya huce a gabansu.

"Daga ina?" in ji Hajra.

"Kasuwa, Ammi."

"Kasuwar 'yan gawayi?" Khala ta ce, tana gyara awarwaronta. "Yarinya, ƙasar kabarin ubanki ba ta gama kwanciya ba."

"Khala, shi me ya yi? Ba ya ma garin lokacin."

Hajra ta ɗago. Idanunta sun faɗa, muryarta ba ƙarfi, amma maganar ta fito da kaifi. "Gidan da suka kashe mini miji ba za su ɗauke mini 'ya ba. Ranar Salla da hantsi Khalarki za ta zo da zobe. Na ba Basit."

"Ammi..."

"Na gama."

Khala ba ta tsaya nan ba. Washegari ta taka har shagon da sunan gyaran tocila, ta zazzage wa Mudasir komai. Da la'asar Insha ta ga tukunyar a bakin ƙofarsu, an wanke ta tas, an naɗe wayarta. Saƙo ya biyo baya.

"Ashe kayan toshin wani nake gyarawa. Da kin faɗa mini tun farko. Allah Ya sa alheri."

"Wallahi ban karɓe ta da wannan nufin ba. Ammi aka aiko wa. Mudasir, ka ɗauki wayata."

Bai ɗauka ba. Ta sake kira, a kashe.

Kwanakin da suka rage ta yi su kamar marar lafiya. Gida shiru, uwa a ɗaki tana kallon bango, Khala tana shiga tana fita da zancen yadi da gwal. Ran jajibiri Insha ta tsaya a ƙofar ɗakin ƙasa, wanda ba a sake buɗewa ba, ta daɗe. Daga baya ta tura, ta ɗauko muciyar ubanta. Ta ce a ranta, in gobe za a rufe ta da zoben da ba ta so, to aƙalla uwarta ta ci abinci.

Bayan magariba ta hau ɗakin sama. Ta jera nama da ƙashinsa a ƙasa, shinkafar da ta jiƙa a kai, tafarnuwa, citta, kirfa, ruwa daidai yadda aka ce ta rage. Ta rufe, ta jona. Ko tafasa ba ta yi ba aka ɗauke wuta.

Ta zauna cikin duhu, hannunta a kan murfin da ke hucewa. Ba ta san lokacin da ta rubuta wa Mudasir ba: "An ɗauke wuta."

Can sai ta ji ƙwas ƙwas a taga. Ta buɗe, sai ga doguwar gora ta tsallako layin daga rufin shago, an ɗaure mata waya a kai. Mudasir ne riƙe da ita, tana kama wayar ya juya ya sauka, sai ga saƙonsa.

"Jona. Batirin shago ne, zai kai asuba in ban kunna komai ba. Tukunyar ta Basit ce, amma harisar ta Naba Kak ce."

"Kai fa? Da me za ka ji ɗumi?"

"Ki bar tagar a buɗe, kada ta datse wayar."

Da asuba ta buɗe murfi, nama ya saki ƙashi. Ta tsame ƙasusuwan, ta kama muciya tana tuƙi tana hawaye, har abin ya yi santsi yana bin muciya. Ta sauko ta soya albasa a murhun gas, ta hau da man yana ƙara ta kwarara a kai. Ƙamshin ya bi matakala ya cika gidan.

Sai ihu.

Hajra ce, ba ɗankwali, ba takalmi, tana gudu tana bankaɗe ƙofofi. Ta buɗe ta waje, ta buɗe tagogi, ta faɗa ɗakin ƙasa tana lalube a duhu.

"Ku buɗe! Wa ya hura? Kada a rufe masa ƙofa!"

Insha ta riƙe ta. "Ammi, ba wuta, ba gawayi. Ni ce. Zo ki gani."

Da ƙyar ta ja ta sama. Hajra ta tsaya tana haki, ta kalli tukunyar, ta kalli wayar, ta bi ta da ido har tagar da ke buɗe, har shagon da ke tsallake. Ga Mudasir can zaune a bakin ƙofa, ya dunƙule cikin riga, leɓensa ya yi fari.

"A nan ya kwana?"

"Da alama."

Hajra ta sulale ta zauna a ƙasa.

"Gawayin a bushe yake," ta ce. "Ni na zuba shi a kasko, na sani. Na sauko na ga iska tana dukan bayan ubanki, yana tari. Na ce bari in ja masa ƙofa. Har ya ce mini na gode." Ta toshe baki da hannu. "Ni na rufe, Insha. Na kasa faɗa, sai na ɗora wa tsohon mutane."

Insha ta rungume ta, suka yi kukan da ya kamata su yi tun bara. Da suka lafa ta zuba harisar a ƙaramin kwano, ta gutsuro burodi ta dangwala ta kai bakin uwar. Hajra ta tauna a hankali.

"Gishiri ya yi kaɗan," ta ce. Ta miƙo hannu ta karɓi kwanon.

Ana saukowa daga Idi, matan layin burodi suka ga abin da ya ishe su zance har wata Sallar. Hajra da kanta, da babban kwano a hannu, ta tsallaka ta tsaya gaban Rahman Kak, a bainar jama'a.

"Rahman Kak, na yi maka ƙazafi shekara guda. Gawayinka ba shi da laifi. Ka yafe mini in za ka iya."

Tsohon ya kalli kwanon. "'Yar'uwa, Naba abokina ne tun muna yara. Ko gaisuwarsa ba a bar ni na shiga ba. Wannan ya fi ci mini rai."

"To ka shigo yau. Ka zo da ɗanka."

Khala Rafiqa ta iso da hantsi da zobenta da akwatin alewa, ta tarar da 'yan gawayi zaune a kan shimfiɗar baƙi suna cin harisa. Ta ce a ba ta tukunyar ɗanta. Aka wanke aka ba ta. Har yau ba ta sake taka gidan ba, ko da yake an ce ta tambayi yadda aka haɗa harisar.

Bayan babbar Salla aka ɗaura auren, ba kiɗa, ba taro mai yawa. Cikin kayan da ango ya kawo har da sabuwar tukunya, da filogin gida. Da za a fita da amarya Hajra ta dafa kawunansu su biyu.

"Allah Ya ba ku zaman lafiya, Ya raya abin da za ku haifa. Mudasir, ɗana, ga ta nan. Kome sanyi, ka bar mata taga."

"In sha Allah, Ammi."

Suka tsallaka layin. Hajra ta koma ciki, ta ja ƙofar har ta kusa rufuwa, sannan ta sa takalmi ta tokare ta.